Dandalin Kwamfuta: Gem ya ce fayil ya ɓace? Karanta saƙon kafin ka danna OK

 

A wannan makon za mu ɗauki tambayar da ƙannenmu suka fi damun mu da ita, musamman na unguwarmu ta Gidan Dare a nan Sakkwato, inda ba ka rasa yaron da ke buga ƙwallo a laftof ɗin yayansa ko a wayar gida. Tambayar kusan kullum iri ɗaya ce: "Na sa wa gem ɗina sabon faci, yanzu ya ƙi tashi, yana cewa wani fayil babu shi. Yaya zan yi?" Shawarar da aka fi ba su a shagon turi ita ce a goge gem ɗin a sake turawa, in abin ya ƙi kuma a yi wa kwamfutar fomatin. Duka biyun kuɗi ne, na biyun kuma yana iya tafiya da takardun mai kwamfutar baki ɗaya. Alhali a mafi yawan lokuta kwamfutar ta riga ta faɗi sunan abin da ta rasa, wani lokaci har da inda ta neme shi. Abin da ya rage shi ne a karanta, sannan a bi matsalar mataki-mataki.

Mene ne faci?

Ga waɗanda ba su saba ba, faci ko mod shi ne kwaskwarimar da masu sha'awar wani wasa suke yi masa bayan kamfanin ya fitar da shi. PES 2017, alal misali, ya fito ne a 2016, don haka bai san Osimhen cikin rigar Galatasaray ba. Masu faci ne suke zama su zana sababbin riguna, su gyara fuskokin 'yan wasa, su mayar da kowa sabuwar ƙungiyarsa. Haka ma GTA San Andreas, wanda ya fito a 2004 ya kuma zo kwamfuta a 2005, har yau ana ƙara masa motoci da babura da gine-gine.

Kada ku raina wannan aiki. Counter-Strike ya fara ne a 1999 a matsayin kwaskwarimar da Minh Le da Jess Cliffe suka yi wa wasan Half-Life, a lokacin Minh Le yana ɗalibin jami'a a Kanada, daga baya kamfanin Valve ya sayi aikin. PUBG da ya fito a 2017 shi ma tushensa kwaskwarimar da Brendan Greene, ɗan ƙasar Ayalan, ya fara yi wa wasan ARMA 2. To amma tun da faci aikin mutane ne daban-daban, kowa a ɗakinsa, babu kamfanin da ya zauna ya gwada shi a kan irin kwamfutarka. Nan ne matsala take shigowa.

Yadda fayil yake "ɓacewa"

Ku tuna da kiran suna na safe a aji. Malam yana riƙe da rajista, yana kiran suna ɗaya bayan ɗaya. Wanda bai amsa ba an rubuta masa bai zo ba. Malam ba ya fita ya leƙa sauran azuzuwa. Haka gem yake yi idan ka buɗe shi: yana da jerin fayilolin da yake bukata, kowanne da sunansa da foldar da ya kamata a same shi. Ya kira suna, bai ji amsa ba, sai ya tsaya ya nuna saƙo.

Ɗalibin da bai amsa suna ba, ko dai bai zo makaranta ba sam, ko ya zo ya shiga wani aji, ko mai gadi ya tsare shi a bakin get, ko an rubuta sunansa ba daidai ba, ko kuma dama ɗan wata shekara ne daban. Fayil ma haka. Aikinmu shi ne mu gano wanne ne daga ciki, domin kowanne maganinsa daban.

Mataki na 1: karanta saƙon, ka ɗauki hotonsa

Yawancinmu da zarar akwatin saƙo ya fito da jan alama, hannu ya riga ido, an danna OK. Daga yau ka dakata. Ɗauki hoton saƙon da waya, ko ka kwafe shi a bayan littafinka harafi bayan harafi. Abu biyu kake nema: sunan fayil ɗin, da hanyar foldar idan an nuna ta. Turancin saƙon ba mai wuya ba ne, kalmomin da za ka fi gani su ne "missing", "not found" da "cannot open".

Sannan ka dubi wutsiyar sunan, wato haruffan da ke bayan ɗigo. Su ne ke faɗa maka dangin fayil ɗin. Wanda ya ƙare da .dll ɗakin karatu ne na umarni da manhajoji ke aro. Na .cpk kunshin kayan PES ne. Na .img, .dff da .txd na GTA ne: .dff surar abu, .txd fentin jikinsa. Windows tana ɓoye wannan wutsiya tun daga farko, saboda haka ka buɗe kowace folda, ka shiga View, ka kunna File name extensions. A Windows 11 za ka same shi a ƙarƙashin Show.

Mataki na 2: na gem ne ko na Windows?

Wasu fayilolin da ake cewa sun ɓace dama ba sa cikin gem ɗin, ba sa kuma cikin facin. Na Microsoft ne, gem ɗin yana ɗauka cewa kwamfutarka tana da su. Ku kwafi wannan jeri ku ajiye.

Idan saƙon ya ambaci MSVCP140.dll ko VCRUNTIME140.dll, abin da kake bukata shi ne Microsoft Visual C++ Redistributable na 2015 zuwa 2022. Idan MSVCR100.dll ne, na 2010 ake nema. MSVCR110.dll na 2012 ne, MSVCR120.dll kuma na 2013. Sabo ba ya maye gurbin tsoho a nan, kowanne zaman kansa yake yi, shi ya sa za ka ga kwamfuta ɗaya da su da yawa a jere. Kada ka goge su da sunan share datti.

Idan kuwa d3dx9_43.dll ne ko xinput1_3.dll, to DirectX End-User Runtimes na watan Yunin 2010 ne babu. Windows 10 da 11 suna zuwa da sabon DirectX, amma ba sa zuwa da waɗannan tsofaffin ɓangarorin da wasannin da suke kira.

Duk waɗannan kyauta ne a shafin Microsoft. Kafin ma ka kashe datarka, leƙa cikin foldar gem ɗin, sau da yawa akwai wata ƙaramar folda mai suna Redist ko _CommonRedist da ke ɗauke da su. Na Visual C++ iri biyu ne, x86 da x64. Ko da kwamfutarka mai bit 64 ce, ka girka duka biyun, domin tsohon wasa irin GTA San Andreas mai bit 32 ne, x86 yake nema.

Tarkon da ya fi kama yara

Idan ka rubuta sunan fayil na .dll a Google, shafuka da dama za su fito suna cewa ga shi nan, sauke ka jefa a System32. Kada ka yi. Dalili na farko, fayil na .dll umarni ne da kwamfuta za ta aiwatar, kuma ba ka san wanda ya ɗora shi a wannan shafin ba, ba ka san abin da ya cusa a ciki ba. Ta irin wannan ƙofar ake shigo da manhajar da ke satar kalmomin sirrin da aka adana a burauza, na imel da Facebook har da na banki. Garin neman gira a rasa ido ke nan.

Dalili na biyu, ko da fayil ɗin lafiyayye ne, yana iya zama ba irin naka ba. A Windows mai bit 64, foldar System32 ce ke riƙe da fayilolin bit 64, ita kuma SysWOW64 ta riƙe na bit 32, wato akasin yadda sunayen suke nunawa. Wanda bai san haka ba sai ya jefa fayil a inda bai dace ba, saƙon farko ya tafi, wani ya fito mai lamba 0xc000007b. Wannan lambar galibi alama ce ta an haɗa na 32 da na 64 wuri ɗaya. Manhajar girkawa ta Microsoft ta san inda kowane fayil zai zauna, a bar mata aikinta.

Mataki na 3: kayan ya iso gaba ɗaya?

Idan fayil ɗin na facin ne, tambaya ta gaba ita ce ko ya iso kwamfutarka tun farko. A wurinmu wannan shi ne sanadin da muka fi cin karo da shi, saboda yadda muke samun kayan: daga wayar aboki ta Xender, daga filashin mai shago, ko saukewa da datar dare da ke yankewa.

Babban faci yakan zo a rarrabe, part1.rar, part2.rar, har zuwa na ƙarshe. Dole dukkansu su kasance cikin folda ɗaya, da sunayensu na asali, sannan a warware daga na farko kaɗai. Idan guda ɗaya babu, ko ya sauka rabi, WinRAR ko 7-Zip zai nuna kuskure a tsakiyar aiki, wasu fayilolin su fito wasu su maƙale. Da yawa sukan rufe wannan gargaɗin su ci gaba. Duka manhajojin biyu suna da maɓallin Test, wanda ke duba kunshin ba tare da ya warware shi ba. Idan ya nuna kuskuren CRC, ka duba wane ɓangare ya ambata, shi kaɗai za ka sake samowa.

Sai batun filashi. Yawancin ƙananan filashi da katin waya suna zuwa da tsarin FAT32, wanda ba ya karɓar fayil guda da ya kai gigabait 4, ko da akwai sauran wuri. Mai turi zai iya tsallake wannan fayil ɗin ya tura sauran, kai kuma ka tafi gida da kaya ba cikakke ba. Tsarin exFAT ko NTFS ba su da wannan iyaka, amma sauya tsarin ta hanyar fomatin yana goge duk abin da ke cikin filashin, sai a kwashe kaya tukuna.

Akwai kuma wuta da zafi. Laftof mai mataccen batir da aka ɗauke wa wuta ana tsakiyar kwafi zai bar fayil rabi. A watannin Maris zuwa Mayu, lokacin da zafin Sakkwato ke haura digiri 40, laftof da aka ɗora kan katifa yana iya kashe kansa yana cikin warware babban kunshi. A ɗora shi kan tebur ko benci inda iska ke shiga ta ƙasa. Kafin ka bar wurin wanda ya tura maka, ka danna dama a kan foldarsa da taka, ka shiga Properties, ka gwada girma da adadin fayiloli. Idan lambobin ba su zo ɗaya ba, kada ka tashi.

Wani lokaci kuma fayilolin suna nan cikin filashin, bairos ɗin nan mai mayar da folda shotkot ne ya ɓoye su. Alamarsa ita ce filashin ya nuna a cike amma ba ka ganin komai sai gumaka masu ƙaramar kibiya. Kada ka danna su. A fara wanke filashin da antibairos, sannan a buɗe Command Prompt a rubuta attrib -h -r -s /s /d E:\*.* idan E ne harafin filashin. Foldojin za su bayyana.

Mataki na 4: yana ajin da ya dace?

Yanzu mu ce kayan ya iso lafiya. Shiga foldar gem ɗin, rubuta sunan fayil ɗin a akwatin bincike na sama. Idan ya fito, to ɗalibinmu ya zo makaranta, aji ya ɓata.

Abin da ya fi jawo haka shi ne folda cikin folda. Mai faci ya ce a sa foldar download a cikin foldar PES, kai kuma da ka warware sai ta zama download a cikin wata download, ko a cikin folda mai sunan facin. Gem ba ya zurfafa bincike, inda aka ce masa kawai yake dubawa. Kusan kowane faci yana zuwa da ƙaramin fayil mai suna Readme ko Install. Minti biyu ne karanta shi, kuma shi ne taswirar.

A PES 2017 rajistar da muke magana a kanta tana nan a zahiri. Fayil ne mai suna DpFileList.bin a cikin foldar download, shi ke ɗauke da jerin fayilolin .cpk da wasan zai ɗauka da kuma tsarin da zai bi. Idan ka jefa sabon .cpk ba ka sabunta jerin ba, wasan ba zai san da zuwansa ba, rigunan ba za su sauya ba. Akwai 'yar manhaja mai suna DpFileList Generator da ke sake rubuta jerin. Shi kuwa fayil ɗin EDIT00000000, mai ɗauke da sauye-sauyen 'yan wasa, a cikin Documents yake zama, ƙarƙashin KONAMI, ba cikin foldar wasan ba.

Ku kula da sunan folda ma. Tsofaffin wasanni da yawa ba sa gane haruffan da ba na Turanci ba, don haka folda mai suna da ƙ, ɗ ko ɓ, ko da rubutun ajami, tana iya sa su kasa ganin abin da ke ciki. Sannan Windows tana da tsohuwar iyaka ta haruffa 260 ga tsawon hanyar fayil, wadda manhajoji da yawa ke bi har yanzu. Idan ka binne wasa cikin folda bakwai masu dogayen sunaye, wasu fayilolin ba za su kwafu ba. Gajeren wuri irin C:\Games ya wadatar.

Mataki na 5: mai gadi ya tsare shi?

Idan fayil yana nan jiya, yau babu, ka fara zargin antibairos. Buɗe Windows Security, shiga Virus & threat protection, sannan Protection history. A nan za ka ga abin da aka kama da ranar da aka kama shi.

Wasu kayan faci na gaskiya, irin waɗanda ke cusa kansu cikin wasa yana tafiya, sukan yi kama da bairos a idon antibairos. Amma wasu bairos ɗin ne na gaske da aka sa wa rigar faci. Don haka duk bidiyon da ya ce maka ka kashe antibairos kafin ka girka, ka yi hattara da shi. Idan ka samo facin daga shafin wanda ya ƙirƙire shi, za ka iya ɗora fayil ɗin a VirusTotal, inda manhajojin tsaro masu yawa za su duba shi kyauta. Idan da yawansu suka yi ƙara, ka haƙura da shi. Idan kuma kwamfutar ba taka ba ce, shawarar sakin abin da aka kama ta mai kwamfutar ce.

Mataki na 6: ɗan wace shekara ne?

Kowane faci an ɗinka shi ne a jikin wani zubi na wasan. Yawancin kwaskwarimar GTA San Andreas zubi na 1.0 suke nema. Facin PES kuma yakan faɗi lambar Data Pack da yake bukata. Wani facin ma a kan wani yake hawa: duk fayil na GTA da ya ƙare da .cs ba zai yi aiki ba sai an girka CLEO tukuna. Idan Readme ya ce ana bukatar wani abu kafin wannan, ba ado ba ne.

Idan faci ya yi yawa: dabarar rabawa biyu

Wani zai ce, na sa faci 16, ban san wanne ya ɓata wasan ba. Ba sai ka gwada sau 16 ba. Cire 8 ka ajiye gefe, ka kunna wasan. Idan ya tashi, mai laifin yana cikin waɗanda ka cire, idan bai tashi ba yana cikin waɗanda suka rage. Raba rukunin da ake zargi biyu, saura 4, sannan 2, sannan 1. Gwaji 4 ke nan, domin 2 sau 2 sau 2 sau 2 shi ne 16. Da faci 32 ne, gwaji 5 ya isa. 'Yan ajin da suka fara logaridim, ga amfaninsa a gabanku. Masu rubuta manhaja da wannan dabarar suke farautar kuskure a aikinsu.

Wannan yana da sauƙi idan kana amfani da Mod Loader a GTA, domin kowane faci yana zaune a foldarsa cikin modloader, cire shi kawai fitar da foldar ne, ba a taɓa gta3.img na asali ba. Yana kuma rubuta rahoton abin da ya faru a fayil mai suna modloader.log. Buɗe shi da Notepad, ka gangara layukan ƙarshe, sau da yawa sunan mai laifin yana wurin.

Yadda abin yake a aikace

Kwanakin baya wani ƙanenmu ɗan aji biyar ya tare mu da laftof a hannu, fuska duk ta sauya.

"Yaya, don Allah ku taimake ni. Wanga abu ya ƙi tashi, kuma na Anti ne, aikinta na gama makaranta na ciki. Mai shago ya ce sai an yi fomatin."

Muka ce, "Mi yac ce maka da ka buɗe?"

"Wani rubutu ne da Turanci, na danna OK."

Muka sa shi ya sake buɗewa, ya karanta da bakinsa. VCRUNTIME140.dll. Ya duba jerin da muka ba ku a sama, ya gano na Microsoft ne, ya girka x86 da x64. Wasan ya tashi, amma 'yan wasa na sanye da tsofaffin riguna. Ya rubuta sunan fayil ɗin rigunan a akwatin bincike, sai ga shi a folda cikin folda. Ya matsar da shi, ya sabunta jerin, aiki ya kammala kafin a kira la'asar. Mu dai tambaya kawai muka riƙa yi, hannunsa ne ya yi komai. Kafin ya tafi muka sa shi ya kwafe aikin yayarsa a filashi, ya kuma je ya faɗa mata abin da ya girka a kwamfutarta.

Masu buga wasa a waya

Ƙa'idar ɗaya ce. Masu PPSSPP, manhajar da Henrik Rydgård ɗan ƙasar Suwidin ya fitar a 2012 don buga wasannin PSP, ku duba foldar PSP: a cikinta ake samun SAVEDATA da TEXTURES. Idan ZArchiver ya warware muku PSP a cikin wata PSP, sababbin riguna da fuskoki ba za su fito ba. Foldar da ke cikin TEXTURES kuma dole sunanta ya zo daidai da lambar shaidar wasan, sannan a kunna Replace textures a cikin saitin.

Wasannin da ke zuwa da fayil na .obb kuwa, wurinsa Android/obb ne, cikin folda mai ɗauke da cikakken sunan manhajar, kuma ba a sauya masa suna. Tun daga Android 11 da ya fito a 2020, an taƙaita shiga foldojin Android/data da Android/obb, don haka wani lokaci ka ga kamar kwafin ya yi alhali bai shiga ba. Koma ka duba da idonka.

Kafin ka sa faci na gaba

Rigakafi ya fi magani. Kafin ka taɓa komai, kwafi foldar wasan yadda take, ko aƙalla fayilolin da facin zai maye gurbinsu, da foldar da wasan ke adana ci gabanka. Sa faci ɗaya, gwada, sannan na gaba. Ka ware shafi a bayan littafi kana rubuta abin da ka sa da ranar da ka sa shi. Wanda ya sayi wasansa a Steam yana da ƙarin sauƙi, akwai Verify integrity of game files da ke dawo da duk fayil na asali da ya ɓace, sai dai yana iya share kwaskwarimar da ta hau kansu.

Dole mu faɗi wata gaskiya kuma. Faci daban, wasan da aka fasa aka raba ba da izinin masu shi ba daban. Na biyun haƙƙin wasu ne, Dokar Haƙƙin Mallaka ta Nijeriya ta 2022 ta shafi manhajar kwamfuta, kuma irin waɗannan kwafin su ne suka fi zuwa da bairos. Haka nan sa faci a wasan da ake bugawa da mutane ta intanet, irin Free Fire, don ka fi abokan wasa ƙarfi, maguɗi ne, kuma yana jawo a rufe maka asusu.

Idan kwamfutar ta yaya ce ko ta Baba, a nemi izini kafin a girka komai. Kuma a lokacin jarrabawa a ɗan jingine gem. Tun 2015 JAMB ta koma kwamfuta gaba ɗaya, kuma ɗabi'ar karanta abin da ke kan allo kafin a danna ita ce dai ake bukata a ɗakin jarrabawar. A nan Jami'ar Usmanu Danfodiyo, ɗaliban da ke koyon rubuta manhaja suna shafe sa'o'i a kan wannan aikin: karanta saƙon kuskure, gano layin da ya jawo shi, gyara abu ɗaya, sake gwadawa. Wanda ya saba da haka tun yana sakandare ya rage wa kansa hanya.

Aikin wannan mako

Na ɗaya, kunna File name extensions a kowace kwamfuta da kake da izinin taɓawa, ta gida ko ta ɗakin kwamfutar makaranta, ka rubuta wutsiyoyi biyar da ka gani da abin da kowace ke nufi. Na biyu, lissafi: idan faci 64 ne a cikin wasa, guda ɗaya ne ya lalace, gwaji nawa ake bukata da dabarar rabawa biyu? Za mu kawo amsar a mako mai zuwa, tare da bayani a kan yadda ake adana muhimman takardu wuri biyu don kada fomatin ko ɓatan waya su tafi da su.

Sai mun haɗu, in Allah ya kai mu. A gaida malamai.